Faliyatib ɗin Modi

Ku da kuke cewa aikin tafinta ya mutu tunda waya ta zo, ku matso kusa. Jiya ma wani daga cikinku ya ce mini, "Baba, ai yanzu danna kalma kawai za ka yi, waya ta ba ka ma'anarta, har ta furta maka ita da muryar Baturiya." Na ce masa madalla. Ban yi musu da shi ba, don gaskiya ya faɗa. Sai dai waya ba ta amsa sai abin da aka tambaye ta, kuma ba mai tambayar kalmar da yake ganin ya riga ya sani.

Na shiga aikin asibiti a Tambuwal ina saurayi, da takardar firamare da ɗan Turancin da na tsinta a rediyo. Kiran marasa lafiya aka ɗauke ni in riƙa yi. A lokacin likitocinmu baƙi ne, wasu daga Indiya, wasu daga Masar, daga baya kuma 'yan kudu masu bautar ƙasa. Hausarsu ba ta wuce "sannu" da "ina ciwo" ba. Tsakaninsu da mutanenmu akwai wani dattijo, Malam Bawa, wanda ya yi tafinta a kotu kafin ya dawo asibiti. Shi ya ga ina kasa kunne a bakin ƙofa, ya ce in shigo in tsaya a bayansa, kada in ce uffan sai ya ba ni izini. Na daɗe a tsaye kafin izinin ya zo.

Kayan aikinsa ba su da yawa. Akwai wani ƙaton ƙamus da bangonsa ya fita, ya ɗaure shi da robar tayar keke. Akwai ɗan madubi, da ƙullin auduga, da wata 'yar kujera da yake ajiyewa tsakanin teburin likita da bencin majiyyaci, ba ta fi kusa da ɗaya ba. Audugar ce ta fi ba ni wuya. Kun san mu Hausawa "p" da "f" duk jirgi ɗaya ya kwaso su a bakinmu. Sai ya riƙe audugar a gaban leɓena, ya ce in faɗi "pain", wato zafin ciwo. In audugar ba ta yi tsalle ba, to ban faɗa daidai ba, in sake. Madubin kuma don in ga inda harshena yake zama ne. Na sha zama bayan la'asar ina hura auduga ina gwalo a madubi, masu wucewa suna cewa ɗan gidan wane ya fara taɓuwa.

Turancin asibiti ba irin wanda kuke yi a waya ba ne. Kalmomi ne da ko mai digiri yana iya tsufa bai ci karo da su ba, kuma rubutunsu daban, furucinsu daban. A "pneumonia", wato ciwon huhu, harafin farko yana zaune a gaba shiru kamar surukin da ya zo gaisuwa. Ranar da na fara ganin "benign" a takarda na karanta ta "benigin", Malam Bawa ya yi dariya har hularsa ta faɗi. "Binain" ake cewa, ƙarin da ba ya cutarwa ke nan, kuma duk asibiti babu kalmar da ta fi ta daɗin isarwa. Bayan ka koyi furucin ƙamus, sai ka tarar Ba'indiye da nasa, Bayarabe da nasa, Inyamuri da nasa. Dole kunnenka ya saba da kowanne.

Na tuna wani mutumin Dogon Daji da ya kawo matarsa ranar da Malam Bawa ba ya nan, ni kuma an aike ni. Likita ya ce gobe su zo da "stool". Wani mai jin Turanci a kan layi ya ce musu kujera ake nufi. Washegari sai ga bawan Allah da kujerar tsakar gida ɗaure a bayan keke, an wanke ta tas. Bayan gida likita yake so a auna. Mun yi dariya, shi ma ya yi, aka ba shi 'yar kwalba ya koma. Malam Bawa kaɗai ne bai yi ba da aka ba shi labari. Ya ce mai fassarar bai yi ƙarya ba, kalmar tana nufin kujera, kuma irin wannan gaskiyar ce ke kai mutum ƙasa.

Dokarsa guda ce, kuma ya maimaita mini ita har na gaji da ji. Tafinta ludayi ne: abin da ke cikin ƙwarya yake kai wa baki, ba ya sha, ba ya ƙara ruwa. Amma in maganar ajali ce, yakan ce, "Likita na da saninai, amma ranar mutum ba ta cikin takardatai. Ka faɗi abin da likita yas sani, ka bar ma Allah abin da ad nashi." Bature yana iya duban mutum ya ce masa saura wata kaza. Mu ba ma faɗin haka, kuma ba a yarda mu yi ƙarya ba. A tsakanin waɗannan biyun aikin yake, kuma ba ƙamus da ya rubuta shi.

Shekarar da ta fi kowace muni a wurina ita ce wadda aka cire tallafin man fetur. Na riga na yi ritaya a lokacin, sai dai in an rasa mai fassara a aiko mini. Komai ya yi tsada, kuɗin mota ya hana mutane kawo marasa lafiya sai ciwo ya ci ƙarfinsu. A shekarar ne wata kalma ta cika gari. Mun fara jin ta tun lokacin korona, amma yanzu ta zauna daram: faliyatib. Rediyo faliyatib, majalisa faliyatib, mata a bakin rijiya faliyatib. Kowa ya san ma'anarta: shinkafa, masara, taliya, ɗan abin da gwamnati ke rabawa. Tsohuwar da ba ta taɓa taka ƙofar makaranta ba tana iya ce maka an sa ta a faliyatib ko an tsallake ta. Kalmar ta zama Hausa.

Modi ɗan gwaggona ne, taubashina, mutumin Fakku a ƙasar Kebbe. Manomi ne mai 'yan shanu, irin gidajen da suka gaji garma da sanda tare. Tun muna yara ba mu taɓa haɗuwa ba mu tsokani juna ba. Shi yana ce mini mai cin abinci da bakin wasu, ni ina ce masa makiyayin da shanu ke kiwonsa. A ƙarshen bazarar shekarar cikinsa ya kumbura, idanunsa suka yi ɗorawa. Babban ɗansa Lawali, malamin firamare ne mai hankali, magidanci da iyalinsa, ya kawo shi Tambuwal. Aka tura su Sakkwato gwaji, suka dawo da sakamako, aka ba shi gado a ɗakin maza. Ni kuwa ina kwance a gida da ciwon ƙafa, sai saƙon gaisuwa nake aikawa. Da na tambaya, aka ce mini da sauƙi, har an sa Modi a faliyatib. Na ce Allah ya sa a dace, ban kawo komai a raina ba, don a lokacin kowa ma ana sa shi ko ana tsallake shi.

Kwanaki suka ja, sai likitar ɗakin ta aiko a kira ni. Yarinya ce 'yar kudu mai bautar ƙasa, mai natsuwa, tana ce mini Baba. Na dogara sanda na je. Ta rufe ƙofar ofis, ta ce da Turanci akwai abin da ya ɗaure mata kai.

"Baba, dattijon nan na gadon ƙarshe, ciwon daji ne a hantarsa, kuma ya bazu. Ba aikin da za a yi masa, ba maganin da zai warkar. Na gaya wa ɗansa, tunda yana jin Turanci. Na ce abin da ya rage shi ne 'palliative care', kuma suna iya tafiya da shi gida, in ba su maganin rage zafi. Sai ya yi murmushi, ya yi ta yi mini godiya. Na ɗauka tawakkali ne irin na mutanenku. Amma har yau ba su tafi ba, kuma kullum da safe sai ya tambaye ni ko ya iso. Mene ne zai iso?"

Na ce ta sake faɗin kalmar. Ta sake, da "p" ɗinta mai sa auduga tsalle. Na nemi kujera na zauna.

Kalmar na san ta tun zamanin Malam Bawa, tana cikin ƙamus ɗin nan mai robar keke, wanda ya bar mini da zai rasu. A bakin likita tana nufin kulawar da ake yi wa wanda aka san ba zai warke ba: a rage masa zafi, a sa ya samu barci, a sauƙaƙa masa abin da ya saura. Ƙamus ya ce asalinta daga mayafi ne, abin da ake lulluɓa wa mutum. Kuma in kun duba da kyau, gwamnati ma ba ta canza mata ma'ana ba. Kwanon shinkafa ba ya warkar da talauci, lulluɓe shi yake yi na kwana biyu. Kalma ɗaya ce, ma'ana ɗaya. Mu ne muka riƙe gefenta mai daɗi, don shi muka fi bukata a shekarar.

Na sami Lawali a gindin darbejiyar da ke bakin ɗakin maza, yana wanke kwanon kunu. Ya durƙusa ya gaishe ni, fuskarsa a sake.

"Baffa, ka ji sauƙi? Ai mun gode Allah, an sa Baba cikin faliyatib. Likita da bakinta tac ce. Ina jin magani na kyauta za a kawo daga Sakkwato, ko aiki za a yi mai."

"To mi yas sa ba ku koma gida ku jira can ba?"

"Haba Baffa, kai ma ka san halin rabo. Wanda ba shi nan ranar da anka zo, ya rasa. Baba kullum shina faɗa, wai a maishe shi Fakku ya ga shanunai kafin ruwa ya zamna. Ni nika lallashinai."

Wannan shi ne abin da ya fi tayar mini da hankali. Hadari ya fara haɗuwa ta gabas, an yi yayyafi sau ɗaya ko biyu. Duk wanda ya san hanyar Fakku ya san in damina ta kankama, mai lafiya ma da ƙyar babur ke kai shi, balle wanda ba ya iya zama sai an tallafe shi. Modi yana kwance a gadon ƙarfe cikin baƙi, yana ƙone 'yan kwanakin da suka rage masa, yana jiran abin da ba shi zuwa.

Na ce Lawali ya zauna. Na faɗa masa a hankali, yadda aka koya mini, ban sha ba, ban ƙara ruwa ba. Ya dube ni kamar na zage shi. Ya ciro wayarsa, ya danna kalmar. Wayar ba ta yi ƙarya ba, ga ma'anar likita nan a rubuce, ita ce ma ta farko. Tun ranar farko tana cikin aljihunsa. Bai duba ba, kuma ni ma da ni ne shi ba zan duba ba. Wa ke duba kalmar da 'yarsa ta aji ɗaya ta sani?

Ya kifa kai a gwiwa ya yi kuka irin na manya, wanda ba shi da sauti. Na bar shi. Da ya ɗago ya ce, "Baffa, har Fakku na aika anka yi murna. Inna ta yi sadakar fura." Can kuma ya ce, "Don Allah kak ka gaya mai. Mu ce an ɗage rabon."

Na ce masa ni ban iya wannan ba. Modi ba yaro ba ne, yana da abin da zai so ya faɗa wa iyalinsa, yana da waɗanda zai nemi gafararsu, kuma lokacin nasa ne, ba namu ba. Da na miƙe, Lawali bai riƙe ni ba.

Na shiga na tarar da Modi an jingina shi da filo. Ya rame har na ga ƙasusuwan fuskar gwaggona a tasa. Amma bakin yana nan.

"A'a, mai cin abinci da bakin wasu! Sai yau? Ko ka ji an ce za a raba shinkafa ne ka jawo ƙafa?"

"Ni da ganin makiyayin da shanu sunka kora asibiti naz zo."

Ya yi dariya, dariyar ta taɓo masa ciwon, ya runtse ido har ta lafa. Na jawo kujera na zauna dab da gadon. A duk shekarun aikina a tsakiya nake ajiye kujerata. Ranar ban iya ba.

"Tafinta," ya ce, "kai ka san Turancinsu. Wanga abu da nika jira, yaushe za ya zo?"

Na ce masa ba abin da zai zo daga Sakkwato. Na ce likitoci sun duba, sun ga ciwon ya wuce inda hannunsu ke kaiwa. Abin da suke da shi yanzu shi ne su rage masa zafi, su sa ya yi barci, ya ci ɗan abin da zai iya, ba za su sake shi ba, amma ba za su iya mai da shi yadda yake da ba. Sauran kuma na Allah ne, shi ya san rana. Na yi ta zagaye ina neman kalma ɗaya ta Hausa da zan ɗora masa a hannu, ban samu ba. Sassauci bai kai ba, lallashi kuma ya yi kama da yaudara.

Ya juya ya kalli taga. Ya yi salati a hankali. Sannan ya juyo.

"Wato ba su iya kai ni, amma za su taka min."

Na ce haka ne.

"To ai sai ka ce rakiya. Rakiya ta, Tafinta. Duk wanga dogon Turanci." Ya ɗan murmusa. "Ka ce ma yarinyar nan na gode. Wanda yar raka ka ya gama ma mutunci, ba a ce mai don mi bai kai ka gida ba. Kira min Lawali. Kak ka bari shi zargi kainai, yunwa ta fassara mai, ba shi ba."

Rakiya. Na yi aikin nan har furfura ta cika mini kai, ban taɓa kawo ta a raina ba. Da na mayar wa likita da Turanci, na bayyana mata yadda muke taka wa baƙo har bakin hanya mu tsaya, ta juya baya tana gyara takardun da ba su bukatar gyara.

Washegari da hantsi ta haɗa musu magungunan, ta nuna wa Lawali yadda zai riƙa bayarwa, ni ina fassarawa duk da yana ji, don shi da kansa ya ce in fassara. Aka samo mota, aka shimfiɗa wa Modi katifa a baya. Na shiga na zauna kusa da kansa. Hanyar Kebbe ta jijjiga shi, bai yi ƙorafi ba, sai dai in mun wuce garke ya ce a ɗaga shi ya gani. Gonaki duk an yi sharar su, ana jiran ruwa. Sama ta yi nauyi ta gabas.

A Kebbe aka tsaya don a sauya zuwa wata tsohuwar a-kori-kura da direbanta ya yarda zai gwada hanyar Fakku. Na kama ƙarfe zan hau, da ƙafata mai ciwo da komai, sai Modi ya ɗaga hannu.

"Ina za ka? Sauka. In ruwa yat tare ka can, wa za ya yi ma yarinyar nan magana da mutane? Akwai wasu bisa gadajen nan da ba su san abin da aka ce masu ba. Nan rakiyarka ta tsaya."

Na so in yi gardama, amma na san shi. Na sauka. Raina ya ɓaci ƙwarai, ban kuma ɓoye ba, hawaye suka zubo mini a gaban 'yan acaba da masu sayar da rake.

Ya kai gida. Lawali ya ce an kwantar da shi a rumfar ƙofar gida inda yake ganin shanu in sun dawo, ya sha nonon saniyarsa, ya tara iyalinsa ya yi musu magana ɗaya bayan ɗaya, ya ga gero ya tsiro. Daga nan ruwa ya sauka kamar da bakin ƙwarya, hanya ta yanke. Ranar da aka bugo mini waya, ba abin hawan da ke iya shiga Fakku. Ban samu jana'izarsa ba. Tun daga lokacin, duk likitan da ya faɗi kalmar nan a gabana, da ta Modi nake fassara ta, kuma ban taɓa ganin wanda bai gane ba.

Amma abin da ke dawo mini shi ne tashar Kebbe. Direba ya tayar da mota, sai bakina ya faɗi abin da ya saba faɗa wa duk wanda aka raka.

"To Modi, a sauka lafiya. A gai da gida."

Ya buɗe ido, ya dube ni da irin kallon da yake yi in ya samo ta inda zai kama ni.

"Wanne daga ciki? Na Fakku, ko wancan da iyayenmu sunka riga mu zuwa?"

Na ce, "Duka."

"Za su ji," ya ce. Motar ta ja.